Inda Ake Yankewa

A Yelwan Yawuri, bayan tashar jiragen ruwa,
akwai ɗakin da aka toshe tagarsa da buhun shinkafa.
Nan Baba Arzika yake wuni.
Wai tun da ya dawo, hasken garin ya yi masa surutu.

Shekara talatin da ɗaya a Jamus.
Tambaye shi yadda Hambog take,
sai ya ce: matakala goma sha bakwai zuwa ƙasa,
ƙofa mai nauyi, warin gam,
tebur mai faifai shida yana juyi kamar dutsen niƙa.
Sauran birnin, a allo ya gan shi.

Gyaran rediyo ya je koyo.
Kuɗi suka ƙare kafin sanyi ya ƙare,
ya kama shara a gidan da ake haɗa fim.
Guntayen da suka zube ƙasa
ya ƙi zubarwa, ya riƙa ɗagawa ga fitila,
yana rataye su bi da bi kamar kifi a shanya.
Tsohuwa Waltraud, mai almakashi a wuya,
ta duba jerin, ta dube shi,
ta ture masa kujera da ƙafa.
Ko sannu ba ta ce ba. Ranar ya aje tsintsiya.

Hoto ashirin da huɗu a daƙiƙa guda.
Ya ce a cire uku, mace ta zama mai haƙuri,
a bar su, ta zama mai shirin tafiya.
Ya sha raba mutum da matarsa da reza,
ya sha sa soja ya yi jinkiri kafin harbi
don kawai uwar sojan za ta shiga silima.
Sunansa kan fito can ƙarshe,
lokacin da kowa ke laluben rigar sanyinsa.
Bai damu ba.
Ɗinkin da aka gani, in ji shi, kunyar tela ne.

Ni kuwa bidiyon biki nake haɗawa a kwamfuta,
dubu biyar da kwanon tuwo.
Na kai masa wanda na ɗauka ranar kasuwa:
Gwamma mai kifi tana jiran jirgin ɗanta
wanda ya makara daga tsallake.
Idonsa ya yi yana, ba ya ganin allon.
Ya ce, ƙara murya.
Ya saurari injin, ya saurari ruwa yana marin katako,
ya ɗaga yatsa.
Na ce, Baba, jirgin bai iso ba tukuna.
Ya ce, wa ya aike ka wurin jirgi?
Ta sauke numfashi, ɗiyana. Labari ya ƙare nan.

Ƙarƙashin gadonsa akwai gwangwani mai tsatsa,
cike da abin da masu fim suka ce ba su so:
wani sarki na wasa yana hamma,
wata tana dariyar gaske bayan an ce a tsaya,
dusar ƙanƙara kan keken da ba kowa.
Ya ce garinsu ma haka aka yi masa,
ruwan madatsa ya zo ya yanke shi daga labari,
ba wanda ya tsinci guntun.

Jiya na kafa waya a kan turmi ina ɗaukarsa.
Ya yi maganar Waltraud, ya yi ta mahaifiyarsa,
ya haɗa su a jimla guda ban ga ɗinkin ba.
Sai ya yi shiru.
Akuya ta wuce. An kira la'asar.
Ya ɗaga yatsa, ya ce, yanke nan.

Na ce to.
Minti huɗu ne shirun, da daƙiƙa tara.
Yana nan yadda yake.