Maisikeli

Kakana Nomau ne ya tuƙo shi Yelwa
a kwalekwale, da gishiri buhu tara
da akoko bandir uku.
Kunnensa ja kamar nunannen gauta.
Sunansa ya ƙi zama a bakin kowa,
sai aka ce Maisikeli.

Ya sayi ƙiraga, ya sayi man kaɗe.
Ya koyi Gunganci har yana zagi da shi,
ya sa hannu a tuwo ya ƙone yatsa,
ya ba da bashi da damina,
ya rubuta kowa a baƙin littafi.

Shekara bakwai, sai ya ɓace.
Da ya dawo, kaki ne a jikinsa,
soja talatin a bayansa.
Bai nemi ɗan jagora ba.
Ya san kowane gungu, kowace mashaya,
ya san rumbun da ke da gero.
Littafin bashi ya koma na haraji.

Kakana ya ce, "Ashe sikelin nan
ba ƙirgi kaɗai yake aunawa ba."

Amma da shawara ta kwantar da shi
ba bariki ya nema ba, gidanmu ya aiko.
Kakata Kulu ta dafa masa sassaƙe,
tana fifita tana tsaki.
Ya cika yana roƙon ruwa da Gunganci.

Kabarinsa na bayan tsohon kanti,
awaki ke kwana a kai.
Sikelin na zaurenmu, ya yi tsatsa.
Yara kan hau,
allurar ta karkata,
ta tsaya inda ta ga dama.