Shekara Bakwai a Nafaɗa

Akawu Giɗaɗo ya lashi yatsa, ya juya shafi:
"Malam Sallau, lissafinka daga bara ya fara."
Daga bara!
Wato ranar da na taka sakatariyar Gombe
ita ce ranar sunana.

To, shekara bakwai ɗin Nafaɗa fa?
Babur ɗin da ya mace mini a yashin Gongola,
ina turawa, akwatin allura a goye kamar jinjiri.
Shanun Arɗo Bappah, ɗari uku da ɗoriya,
da na bi ruga-ruga kada ciwon huhu ya riga ni.
Kofaton da ya buga mini tambari a ƙauri,
shi kaɗai ne hatimin da bai goge ba.

Wai takardar sauyin wuri ba ta ce "a haɗa" ba.
Kalma biyu. Wani ya manta, ko tawada ta ƙare.
Lantana, da na koya wa riƙon sirinji,
ta haye mataki na tara. Na yi mata barka,
har zuci na yi,
amma tuwon daren nan a maƙogwaro ya kwana.

Ba roƙo na zo ba.
Wanda ya sauya gona ba ya sake koyon fartanya,
furfurar nan kuwa ba a Gombe ta tsiro ba.

Gobe da asuba zan bi motar Bajoga,
in tono tsohon fayil a ɗakin da gara ke aikin dare.
In sun cinye shafin farko,
zan naɗe wando a gaban kwamitin ƙarin girma,
in ce: ranku ya daɗe, ku karanta nan.