Raɗin Suna a Titin Beirut

Shagona taku huɗu ne. In na miƙa hannu
sai in taɓa bangon Sabi'u mai sayar da caja.
A nan nake feɗe tsofaffin kwamfutoci,
ina jera ƙusoshinsu a murfin gwangwanin madara,
don wadda ta faɗi ƙasa, ba ta da 'yar'uwa a Kano.

Ranar Laraba, la'asar sakaliya,
Hajiya Tasalla ta shigo da baƙar jaka,
ta sauke ta a teburi kamar mai sauke ƙwai.
Ta ce, ta mahaifina ce,
akanta ne a masaƙar Bompai kafin a garƙame ƙofa.
Shekara goma sha tara rabonta da wuta.

Baƙa ce, mai kauri, da nauyin bulo.
Harafin A ya goge, lamba bakwai ta lotsa,
inda tafin hannunsa ke sauka ya yi sheƙi.
Na danna. Ta yi kuka sau biyu,
ta zubo lambobi huɗu a fuskarta, ta yi tsit.
Yaran yanzu za su ce gawa ce.
Ni na san yaren:
cewa take, yau wace rana?

Na buɗe cikinta.
Ɗan batirin nan mai kama da sule,
wanda ke riƙe mata agogo a cikin duhu,
ya fashe, ya yi amai, ya cinye allon ƙirjinta.
Akwai wata irinta da na tsinta a gwanjon Sabon Gari,
ita na cire wa nata na dasa mata.
Ta farka, amma ba ta san kanta ba.
Sabon ƙirji, babu suna.

Sai na jawo gwangwanin da ke ƙarƙashin benci.
Faifai ne ɗan murabba'i, nannaɗe a leda uku.
Oga Obiora ya bar mini shi ranar da zai koma Onica,
ya ce, ba ni da gida da zan bar maka, riƙe wannan,
kuma kada ka ajiye shi kusa da sifika.

Na zura shi. Ya yi gurnani irin na injin markaɗe,
na riƙe numfashi.
Fuska ta yi shuɗi, fararen haruffa suka jeru,
suna tambaya: wace ce wannan?
Na kifa ta, na haska bayanta da fitilar waya,
na karanto haruffa bakwai daga takardar da ta koɗe,
na buga su ɗaya bayan ɗaya da yatsa guda.
Ba rago, ba goro, ba wanzami,
ni kaɗai na raɗa mata sunanta na yanka.

Sannan na saki manhajar bincike cikin rumbunta,
tana tafiya a hankali, tana shata ramuka
kamar ɗan adaidaita a titin da ruwa ya ci.
Aka ɗauke wuta. Sabi'u ya ja janareta.
Muka sake daga farko.

Bayan isha'i ta buɗe.
Sunayen ma'aikata ɗari uku da goma sha biyu,
kowa da albashinsa a gefe,
watan ƙarshe kawai aka bar gurbinsa fayau.
Can ƙasa, wani ɗan jadawali:
kuɗin makarantar Tasalla, zango na biyu, an biya.

Ta daɗe tana kallo. Ba ta taɓa madannan ba,
sai wurin nan mai sheƙi.
Na faɗi kuɗina, ban rage sisi ba,
ta biya, ba ta taya ba.

Da ta fita na kira yarona Ilu,
na ce, kawo filas, mu kwafe faifan nan sau uku.
Ya ce, Oga, wa zai sake kawo irin wannan?
Na ce, ƙusa ɗaya ta ragu a murfi,
duba min ta ina muka manta.