Majigin Kawu Manga

A zauren Kawu Manga, can Jekadafari,
bayan rumfar da yake gyaran agogo,
akwai akwatin ƙarfe mai hannun juyi
da faifan fim ɗaya tal.
Ɓera ya ci farkonsa,
ƙarshensa ya ƙone tun ba a haife ni ba.

Daren Alhamis a rataye zanen Goggo Dudu,
farin nan mai tabon manja a gefe,
a jona batirin mota,
Kawu ya yi bisimilla, ya kama juyi.

Ga siririn Bature da tsani a kafaɗa.
Ya waiga dama, tsani ya kwashe ɗan sanda.
Ya waiga hagu ya ga me ya faru,
tsani ya kwashe mai tallan ƙwai.
Baki na motsi, ko uffan babu,
sai Kawu ya ara masa murya:
"Ranka ya daɗe, ba ni ba ne, tsanin ne!"
Wani daren ma da Fillanci yake ba da haƙuri.
Mu muna birgima a tabarma har da hawaye.

Bature ya faɗa ganga, aka buɗe, sai agwagwa.
Goggo ta ce tsafi ne, ta ja a'uzu.
Kawu ya ɗaga faifan gaban fitila:
"Duba nan. Almakashi ne da gam.
An tsai da inji, mutum ya fita, aka sa agwagwa."
Kwana biyu ina jin haushinsa.

Amma in ya juya hannun baya!
Kududdufi ya tofo Bature a bushe,
hula ta tashi ta nemi kan mai ita,
fasassun ƙwai su tattara kansu
su koma kwando ɗaya bayan ɗaya.

Ran da aka fita da Kawu a makara
bakuna na ta motsi a tsakar gida,
ni ban ji ko kalma ba.
Da dare na rataye zanen ni kaɗai,
na juya baya, na juya, har hannuna ya sage.
Ƙwai sun koma. Ɗan sanda ya miƙe.
Na waiga ƙofar zaure.

Goggo ce tsaye da fitilar ƙwai.
Ta daɗe tana kallo, sannan ta ce,
"Sauke min zanena. Gobe akwai 'yan gaisuwa."