Ƙarfe Biyun Dare a Ƙofar Ƙaura

Ƙarfe biyun dare, an ɗauke wuta,
gari ya yi tsit, sai karen maƙwabta.
Na jingina waya da kwanon sha,
na ja filo, na goge tabarau.
Matan wata ƙasa da na wata ƙasa
sun jeru, ana shirin a fara.

Can wajensu rana ce tsaka.
Filin shuɗi, kamar yanzu aka tsamo shi daga marina,
kuma wai shayar da shi ake kafin wasa,
ruwa na tashi ta kowace kusurwa
don ƙwallo ta ji daɗin gudu.
Ni da na sayi jarka shida jiya,
har muka yi cacar baki da ɗan garuwa kan naira ɗari,
na ce, ikon Allah,
ashe har a filaye akwai ɗan gata,
namu na makaranta sai tsakuwa da shara.

Shekara ashirin da shida ina malamar wasanni,
usur a wuya, toka a bokiti,
da ita muke jan layi kafin ƙararrawa.
Sanda goma sha ɗaya muka gada, huɗu a tsage.
Ilu kafinta ya ɗaure su da robar taya,
ya jujjuya ɗaya a hannu, ya ce,
Malama, me ya raba wannan da kokara?

Tasalla ce a raga,
ƙaurinta naɗe da katifar da muka yanka.
Furera a hagu, ba ta da magana,
amma in ta sunkuya ta ja ƙwallo
sai dai ki bi ta da addu'a.
Ranar da ƙwallo ta cire wa Sa'ade haƙori
ta tofar, ta dube shi a tafin hannu,
ta ƙulle a bakin ɗankwali, ta ce a ci gaba.
Biyu da ɗaya muka ci ran nan,
muryoyi suka dushe tun kafin Mashi
a bayan akori-kura, muna dawowa daga Daura.

Wannan gasar ba ta kwana ɗaya ba ce,
wata da watanni ake yi,
yau a ƙasarki, gobe ke ce baƙuwa.
Ina rubuta maki a bayan littafin adashe,
har jikata Hanne ta ga shafin,
ta ce, Kaka, su wa kike bi bashi haka?
Tutarmu ba ta cikin jerin, na sani,
amma kullum sai na bi da yatsa
daga ta ɗaya har ta tara.

Ga wata mai lamba sha huɗu ta karɓa,
ta juya sanda, ta wuce biyu,
sai na ji wuyan hannuna ya juya tare da ita
ƙarƙashin zane, ba da izinina ba.
Buga! na ce, da ƙarfin da ya tada kaji.
Ta ɗaga sanda,
hoton ya tsaya cik.
Data ta ƙare, ta bar yarinya da hannu a sama,
ni kuma a duhu ina jira.

Tasalla ce ke auna min jini yanzu a babban asibiti.
Ta ce in rage gishiri, in riƙa barci da wuri.
Na ce to.
Ba ta san inda dare ke kai ni ba.

Da gari ya waye na taka kujera,
gwiwa na ƙorafi, na yi mata banza,
na sauko da ɗaya daga saman kabad,
robar Ilu na nan, ta bushe amma ba ta saki ba.
Na ajiye goruba a tsakar gida.
Hanne, zo nan. Hagu a sama, dama a ƙasa.
Sunkuya, kar ki kalle ni, kalli ƙwallo.
Ta buga.
Randar ruwa ta ce fus,
jarka biyu suka malale a siminti.
Ta daskare, ido ya ciko.
Na dubi tsakar gida, jiƙe sharkaf, tana sheƙi,
na ce, ɗauko goruba,
yau an shayar mana da fili. Ƙara.