Harafi Bakwai

Kawu Arzika ne ya zo da shi daga Abijan,
naɗe cikin safa, ƙarƙashin sabulu da turmin atamfa:
ɗan akwati ruwan toka, ya cika tafin hannu,
gilashinsa kore-kore kamar tabkin Babaye a ƙarshen kaka.
Pil huɗu yake ci. Ba ya ƙoshi.

Kawu ya ce a wata ƙasa mai tsibirai aka ƙera shi,
wai yaran can ma kamun ƙwari suke yi,
da gine-gine suka cinye musu ciyawa
sai aka shuka musu wata a cikin gilashi.
Ban rantse ba. Kawu ya iya sa wa zance gishiri.

Mu dai mun san kamu tun kafin ya iso Tawa.
Babe a gwangwanin tumatir, zare a ƙafar buzuzu,
gyare biyu a ƙwarya muna zuga su.
Shi ya sa ba mu nemi tafinta ba.
Ka kutsa ciyawa, dodo ya tare ka,
ka gajiyar da shi, ka jefa masa ƙwallo,
ka riƙe numfashi: ɗaya, biyu, uku.
Ya zama naka.

Ɗari da hamsin da ɗoriya, haka aka ce yawansu.
Na jera su a bayan kayen lissafi.
Mushe ya gani, bulala shida,
da aka tashi ya ja ni gefe: wanne ya fi ƙarfi?

Duk Bilbis akwati biyu ne,
nawa da na Shipkau, ɗan mai gyaran rediyo.
Akwai dodannin da ba sa girma sai sun sake hannu,
karatun da ban gane ba sai da gemu ya tsiro.
Muka jona waya, gwiwa na gogar gwiwa
a inuwar dogon-yaro.
Na ba shi wani mai kama da hayaƙi,
ya ba ni wani mai jikin dutse.
Duk sanda na buɗe, ga sunan mai shi na fari:
SHIPKAU,
harafi bakwai, iyakar abin da gurbin ke ɗauka.

Sai launi ya shigo.
Sai katin kwali a kasuwar Lahadi, dala biyar ƙunshi, rabi jabu.
Sai zane mai motsi a telen maƙwabta, in wuta ta ga dama.
Shekara biyu, uku, sabuwar ƙasa, sabon ƙaho, sabon fiffike.
Mu ma muka yi ta rikiɗa irin tasu:
ni na zama mai gyaran salula a bakin tasha,
Shipkau ya hau motar Agadas, ya yi arewa.
Sau uku ya kira.
Shekara tara ke nan ina jiran na huɗu.

Yanzu 'yata Tsahara ta ce sun haura dubu.
Tana bin rariya da salulata a gaba kamar fitila,
wai ga wani can zaune kan buhun albasa.
Na leƙa. Albasa na gani.

Jiya na tono akwatin daga ƙasan adaka.
Na hura kaset kamar yadda muka saba,
kiɗan ya tashi, siriri kamar kukan sauro.
Ashe akwai wani ɗan pil a cikin kaset,
faɗinsa bai kai dala ba,
shi ke riƙe da duk abin da aka kama.
Ya mutu ban ji ba, ƙila ina barci, ƙila ina ciniki.
Na sa sabo. Sana'ata ce: minti biyar, ɗigon dalma.
Ba dodon dutse. Ba sawunmu a ciyawa.
Gilashi ya dube ni kamar baƙo:
yaya sunanka?

Tsahara ta ɗora haɓa a kafaɗata.
Baba, rubuta mana, mu fara.

Gurbi bakwai, duk fanko.
Babban yatsana ya wuce harafina,
ya je ya tsaya kan S.