Sakan Bakwai

Arzika ne ya tsinto faifan a ƙasan kabad
a tsohon ofishin safiyo, cikin gwangwani mai tsatsa.
Gara ta cinye takardar da ke ɗauke da shekara.
Bayan isha'i muka rataya farin zane a bangon gareji.

Ga Gusau, baƙi da fari, tana makyarkyata.
Jirgi ya shigo tasha ba ko tari,
buhunan gyaɗa, dilolin auduga,
sai wata murya ta hanci, mai Hausar aro:
nan titi zai miƙe,
nan lambatu, nan makaranta,
nan kuma fili, a bar wa yara da iska.
Sanda na bin taswira kamar ta mai rabon gado.

Sai ga shi.
Gajeren wando, sarƙar awo a kafaɗa,
ya durƙusa ya kafa turke a cikin karan dawa,
ya ɗago ya dubi na'ura,
ya rasa ko ana murmushi a irin wannan wuri.
Nomau. Babana. Muryar ba ta faɗi sunansa ba.
Sakan bakwai, na ƙirga.
Ban taɓa ganinsa da baƙin gashi ba.

Na ce a mayar.
Arzika ya ce faifan ya tsufa, in an matsa masa zai tsinke.

Filin yaran nan na san shi:
gidan mai ne yanzu, da shaguna tara,
na ƙarshen mai cajin waya.
Lambatu ya kwana a takarda.
Shi kuwa ruwa bai zo kallon majigi ba,
duk Agusta sai ya bi tsohuwar hanyarsa
ta tsakar ɗakin Inna Tumba,
ya gaishe ta, ya tafi da tabarma.

Ban ce ƙarya suka yi ba.
Riga suka ɗinka wa yaro daidai wuyansa,
yaro ya ci tuwo.
Mutane suka yi ta zuwa, wasu da rana,
wasu cikin dare da tukwane a ka,
ba wanda ya tsaya neman izinin turke.

Faifai ya ƙare, zane ya koma fari,
ƙwari suna ta kai wa hasken gaisuwa.

Da safe na je nema.
Yana nan, guntun kankare, lambarsa ta shafe,
mai shayi na ɗora ƙafa a kai yana fifita wuta.
A nan gari ya ƙare, in ji takarda.
Daga nan zuwa gidana
rabin awa ne a kan kabu-kabu.